Gurasa Mai Haɗin Nama da Cuku

Mutanen Ringim da Taura da Garki da Babura, da na Dutse da Jahun da Kiyawa, da duk inda muryar nan ta kai, ina gaishe ku.

Yau shirinmu a madafa yake. Gurasa za mu buɗe, mu cika ta da soyayyen nama da cuku, mu gasa. Za mu fara da gurasar kanta. Daga nan mu je kan cuku. Sai nama. Sai haɗawa da gashi. Maganar lafiya kuwa za mu riƙa taɓo ta a hanya, duk inda ta taso.

Kafin mu ɗora tukunya, ga magana ɗaya da nake so ki riƙe, uwargida. Ruwa shi ne abokin gabar wannan girki. Ruwan nama, ruwan cuku, ruwan tumatir. Duk wanda ya saura, cikin gurasa zai tafi. Ya jiƙa ta, ta yi lumtsum, ta yage a hannu. Za ki ji na yi ta maimaita wannan. Da gangan ne.

To, bari mu fara da gurasa.

Gurasa ba baƙuwa ba ce a wurinmu. Duk wanda ya taɓa tsayawa gaban mai tsire bayan magariba ya san ta. Mun san bandashe: a yayyafa mata ruwa, a barbaɗe ta da garin ƙuli-ƙuli da yaji, a zuba man gyaɗa, a ɗora albasa da tumatir da kabeji. Cibiyarta Kano ce. A unguwanni irin su Jakara da Cediyar 'Yan Gurasa, mata sun gaji sana'ar kaka da kakanni. Suna kwaɓa fulawa da yis da gishiri, ƙullin ya tashi, su manna shi a jikin tanderu mai zafi. Labarin da ake bayarwa a Kano shi ne, Larabawa fatake ne suka zo da ita.

Idan muka leƙa ƙasashen Larabawan, za mu ga 'yar'uwarta. A Masar da Labanan da Siriya da Falasɗinu suna da burodi zagayayye, marar kauri, wanda Turawa ke kira pita. Irinsa ne ake naɗe shawarma da shi a Kano da Dutse. Wannan burodi yana da aljihu a cikinsa. Yaya aka yi ya sami aljihu? Zafi ne. Ana murza ƙullin ya yi faɗi, a jefa shi a tanda mai tsananin zafi. Sama da ƙasa su bushe nan take. Ruwan da ke tsakiya ya zama tururi, ya rasa hanyar fita, ya raba burodin gida biyu. Idan ya huce sai ya kwanta, amma aljihun yana nan.

Mutanen Labanan suna cusa ɗanyen niƙaƙƙen nama mai kayan ƙamshi a wannan aljihu, su gasa gaba ɗaya. Suna kiransa arayis. Mutanen Masar suna da nasu, hawawshi. Nama da burodi su nuna tare a kan wuta.

A nan ne zan ce a dakata. Mu ba za mu bi su a wannan ba. Gurasarmu ta fi tasu kauri. Tana da tsoka, tana da laushi, kuma ba ta zuwa da aljihu. Idan kika cusa mata ɗanyen nama, bayanta zai ƙone ƙurmus alhali naman ciki bai nuna ba. Saboda haka mu sai mun soya namanmu tukuna. Ki riƙe wannan ma. A soya nama daban, sannan a cusa.

Aljihun kuwa, wuƙa ce za ta yi mana shi. Ki ɗan ɗumama gurasar a kasko ta yi laushi. Ki raba ta biyu a tsakiya. Ki sa bakin wuƙa a wurin yankan, ki tsaga a hankali, amma kada ki kai gefe. Ki bar mata baki kamar faɗin yatsa a kewaye. Gurasa mai sanyi karyewa take yi. Mai ɗumi kuwa tana bin wuƙa.

Wadda take yin tata gurasar a gida, ina ba ta shawara ta haɗa fulawa da garin alkamarmu. Duk rani manomanmu suna noman alkama a fadamun Kogin Haɗeja, kuma Jigawa tana cikin jihohin da ke kan gaba a noman alkama a Nijeriya. Garin alkamar da ba a cire masa dusa ba ya fi riƙe ciki, ya fi ƙamshi. Rabi fulawa, rabi alkama, ya yi daidai.

Wannan ke nan game da gurasa. Yanzu mu shiga kashi na biyu, wato cuku. A nan zan ɗan daɗe.

Na san abin da wasu ke faɗa a ransu. Cuku ai sai manyan kantuna. Cuku ai tsada. Cuku ai sai mai firji. Gaskiya ne akwai cukun kanti. Akwai wanda ake kira mozarela, shi ne mai narkewa yana yauƙi a kan fiza. Akwai mai kusurwa uku, naɗe a takardar azurfa, wanda 'yan'uwanmu na Nijar ke shafawa a burodi. Wadda ta samu, ta yi amfani da shi. Amma shirin yau ba ya jiran kanti.

Muna da cuku namu. Wanda ya taɓa zuwa Tawa ko Abalak ko Agadas ya ga cukun Buzaye da Fulani. Fale-fale ne, busasshe, da shatin tabarmar da aka shanya shi a kai. Ana cinsa da shayi, ana daka shi a cikin fura. Makiyaya sun ƙirƙiro shi ne don madarar damina ta kai su rani. Idan kika same shi, ki daka shi a turmi ya yi gari-gari, ki haɗa da naman. Yana da ɗanɗano mai ƙarfi, kaɗan ya isa.

Akwai kuma wara, wanda Fulanin Kwara da na ƙasar Benin ke yi. Su da tumfafiya suke ɗaure madarar. I, tumfafiyar nan da ke fitowa a bayan gari. Amma ban ba ki shawarar ki gwada wannan da ka ba. Ƙaron tumfafiya yana da dafi, yana yi wa ido mummunan lahani, kuma sanin awonsa sai wadda ta koya a hannun masu yi. Mu da lemun tsami za mu yi namu.

Ki kasa kunne. Ga yadda ake yi.

Ki sami madarar shanu sabuwar tatsa, lita 2. Madara nake nufi, ba nono ba, ba tsala ba. Ki tace ta. Ki zuba a tukunya mai kaurin gindi, ki ɗora a wuta matsakaiciya. Ki riƙa juyawa da ludayi don kada ta kama. Ki bar ta ta tafasa sosai, har ta taso.

Tafasar nan ba ta ado ba ce. Ɗanyar madara tana iya ɗauke da cuta daga saniya zuwa mutum. Akwai ciwon da makiyaya ke kira bakkale, mai sa shanu ɓari. Idan ya shiga jikin mutum, zazzaɓi ne mai tafiya yana dawowa, da gumin dare, da ciwon gaɓoɓi. Mutum ya yi ta shan maganin zazzaɓin cizon sauro, bai san ba shi ba ne. Akwai kuma tarin fuka na shanu. Tafasa tana kashe ƙwayoyin duka biyun. Saboda haka a tafasa madara. Ko daga saniyar gidanku aka tatso ta, a tafasa.

Da ta taso, ki rage wuta. Ki matse lemun tsami, ki tace 'ya'yan. Kowace lita tana son cokalin cin abinci 2 zuwa 3. Kada ki juye shi gaba ɗaya. Zuba cokali ɗaya, juya a hankali. Ƙara ɗaya, juya. Za ki ga madarar ta fara kartsewa. Farin gudaji ya ware gefe guda, ruwa mai ɗan rawaya ya ware gefe guda. Da zarar ruwan ya washe, ki tsaya. Lemun da ya wuce haka cukun zai sa wa tsami da tauri. Wadda ba ta da lemu tana iya zuba kindirmo mai tsami, shi ma yana kartsa madara, sai dai yana son yawa.

Duk matar da ta taɓa yin awara ta gane inda muka dosa. Aikin ɗaya ne. Can waken suya ne, nan madara.

Ki sauke, ki bar shi minti 10. Ki shimfiɗa farin ƙyalle mai tsabta a kan kwando, irin na tatar koko. Ki juye. Ki ɗauraye gudajin da ruwan da aka tafasa ya huce, don tsamin ya ragu. Ki barbaɗa gishiri kaɗan. Sai ki tattara bakin ƙyallen, ki murɗa, ki matse.

Uwargida, ki matse. Kin tuna abokin gabarmu? Ruwa. Ki ɗaure ƙyallen, ki ɗora masa abu mai nauyi, ko tukunya cike da ruwa, ya yi rabin awa zuwa awa ɗaya. Idan kika kwance, za ki ga farin cuku a dunƙule, mai yankuwa da wuƙa. Lita ɗaya takan ba da kamar giram 150, ya danganta da kaurin madarar. Na lita 2 ya ishi rabin kilon nama.

Sai dai ki san halinsa tun yanzu, don kada ki ce girkin bai yi ba. Cukun da aka ɗaure da tsami ba ya narkewa. Ba ya yauƙi. Laushi yake yi idan ya ji wuta, ya sha man nama da yaji. Ni a wurina wannan ba aibi ba ne. Cuku mai narkewa yakan tsiyaye ya bi kasko. Namu yana zama inda aka sa shi, kuma kowace loma sai kin ci karo da shi.

Inda babu madarar shanu, madarar gari mai cikakken mai tana yi. A dama ta da kauri, a tafasa, a bi hanya ɗaya.

Akwai abin da ke damuna a nan, kuma zan faɗa. Da damina madara takan yi yawa a rugage. Matan Fulani su ɗauko ƙwarya tun safe, su yini suna yawo, farashi ya faɗi, wata ma ta lalace. Mu kuma a gari muna sayen madarar gari da cukun da aka yo odarsu daga ƙasashen waje. Cukun gida hanya ce ta haɗa waɗannan biyun. Idan gidaje goma a unguwa ɗaya suka saba sayen madara duk mako don cuku, wata baiwar Allah a ruga ta sami ciniki tabbatacce. Wannan ba ƙaramin abu ba ne.

Masu sauraro, idan yanzu kuka kama mu, muna bayanin gurasa mai haɗin nama da cuku ne. Mun tsaga gurasa. Mun yi cuku, mun matse shi. Yanzu kashi na uku, nama.

Maigida, wannan ɓangaren naka ne, tunda kai ne mai cefane. Ka je wurin mahauci da wuri, tun nama yana sabon yanka. Ka sayi rabin kilo. Na sa, ko na rago, ko na akuya, duk ɗaya ne. Ka ce a ba ka tsoka da ɗan kitse. Idan ka raba naman kashi biyar, kashi ɗaya ya zama kitse. Zallar tsoka bushewa take yi ta zama kamar dusa. Kitse mai yawa kuma zai jiƙe gurasa da maiƙo. A Gujungu ne ranar Lahadi, ko a Maigatari ranar Alhamis, ko a kasuwar garinku, ƙa'idar ɗaya ce. Ka duba launi, ka shinshina, ka guji naman da ƙuda ya yini a kansa.

Sai niƙa. A nan akwai ilimin da ya kamata kowa ya sani.

Ƙwayoyin cuta a bayan nama suke zama. A wurin da wuƙa ta taɓa, da hannu, da tebur, da ƙuda. Cikin tsokar lafiyayyar dabba a tsabtace yake. Shi ya sa mai balangu zai gasa ƙaton yanki, wuta ta cinye abin da ke bayansa, a ci lafiya. To amma da zarar an niƙa nama, baya ya koma ciki, ciki ya koma baya. Ƙwayoyin sun bazu ko'ina. Saboda haka niƙaƙƙen nama ya fi yanki saurin lalacewa. Ba a ajiye shi. Ba a cinsa rabin nuna. A niƙa, a soya, a lokaci ɗaya.

Idan injin niƙa nama za a kai, a duba shi. Injin da ya kwana da ragowar naman jiya a haƙoransa, ba shi ba. Ya fi kyau ka roƙi mahauci ya daddatsa maka da wuƙa ƙanana-ƙanana. Ko uwargida ta bi hanyar dambun nama. Ta tafasa shi da albasa da citta har ruwan ya tsotse, ta daka a turmi sama-sama. Kada ya yi laushi irin na dambu, ya ɗan farfashe kawai. Wannan hanya ma ta fi kwanciyar hankali, don naman ya riga ya nuna. Lokacin layya kuwa, soyayyen naman da ke ajiye ma yana yi. A daka, a ci gaba.

Kayan haɗi ba su da yawa. Albasa manya 2. Tafarnuwa ƙwaya 4. Attaruhu 2, ko gwargwadon bakin gidanku. Tattasai 1. Citta, masoro, da kanumfari ɗan kaɗan, a dake su. Man gyaɗa cokali 2. Tumatirin gwangwani cokali 1. Garin ƙuli-ƙuli cokali 2. Gishiri.

Kin lura ban ce a kai markaɗe ba. Markaɗe ruwa ne. Miya za ki samu, ba haɗin gurasa ba. Yanka za ki yi, ƙanana. Attaruhu da tafarnuwa ki jajjaga su a turmi.

Ki ɗora kasko mai faɗi. Mai faɗi, ba tukunya mai zurfi ba. Ki bar shi ya yi zafi sosai kafin ki zuba mai. Ki zuba nama, ki baza shi. Idan kaskon ƙarami ne, ki raba naman biyu, ki soya bi da bi. Kada ki rufe. Murfi yana mayar da tururi cikin kasko.

Yanzu ki yi girki da kunne. Da farko za ki ji nama yana ɓararraka. Ruwansa ne ke fita. Wannan ba suya ba ce tukuna, dahuwa ce. Muddin akwai ruwa a kasko, zafinsa ba ya wuce digiri 100. Launin nan na suya da ƙamshin nan mai kiran maƙwabta, sai zafi ya haura haka nesa suke fitowa. Ki yi haƙuri. Ki bar ruwan ya ƙone. Za ki ji sautin ya canza, ya koma cuy-cuy, mai yana magana. Nan ne suya ta fara. Ki bar naman ya ɗan kama gindin kasko ya yi ja, sannan ki juya. Kada ki yi ta motsa shi ba hutu.

Da ya yi ja, ki ture shi gefe, ki zuba albasa. Ita ma tana da nata ruwan. Ki bar ta ta yi laushi, gefenta ya fara ja. Sai jajjage da tattasai. Sai kayan ƙamshi. Sai tumatirin gwangwani, ki soya shi minti 2 don tsaminsa ya mutu. Wadda ta fi son ɗanyen tumatir, ta raba shi, ta kwashe 'ya'yan da ruwan, ta yanka tsokar kaɗai.

Yaya za ki san ya nuna? Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce abinci ya kai digiri 70 har cikinsa. Ba kowane gida ke da ma'aunin zafi ba. To ki ɗauki gudajin da ya fi girma, ki fasa. Kada ki ga ja-ja ko alamar jini. Tururi ya riƙa fita daga tsakiyarsa.

Sannan ga gwajin ruwa. Ki ja ludayi a tsakiyar kasko. Idan hanyar da ludayin ya bi ta tsaya a bushe, an gama. Idan ruwa ya biyo ya rufe ta, da saura. Idan mai ne ya taru da yawa, ki karkata kaskon ki kwashe.

Daga ƙarshe ki barbaɗa garin ƙuli-ƙuli, ki juya, ki sauke. Wannan ba a girkin Larabawa yake ba, namu ne. Ƙuli-ƙuli yana tsotse ɗan danshin da ya rage. Yana haɗe naman kada ya zube. Kuma yana kawo ɗanɗanon tsire da bandashe da bakinmu ya saba da shi. Ƙasar Ringim ƙasar gyaɗa ce tun zamanin da jirgin ƙasa na Kano zuwa Nguru ke kwasar ta, ba za mu rasa ƙuli mai kyau ba. Amma a zaɓa. Ƙulin da ke warin hunhuna ko yake ɗaci, a zubar. Gyaɗa mai hunhuna tana ɗauke da gubar da ke cutar da hanta, kuma wuta ba ta kashe ta. Idan kuma akwai wanda jikinsa ba ya karɓar gyaɗa a gidan, a bar ƙulin, a canza man.

Maganar gishiri. Cuku yana da gishiri. Ƙuli yana da gishiri. Gurasa tana da nata. Dunƙulen ɗanɗano kuwa yawancinsa gishiri ne. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce babban mutum kada ya kai giram 5 a yini, wato kamar ƙaramin cokalin shayi ɗaya, a duk abin da ya ci. Hawan jini ya yi yawa a gidajenmu. Ki ɗanɗana kafin ki ƙara. Idan za ki sa dunƙule, ɗaya ya isa rabin kilo.

Na san nama ya yi tsada. Ga dabara. Ki sayi kwatan kilo maimakon rabi. Ki cike gurbin da awara. Ki matse ta sosai, ki marmashe, ki soya ta a man naman har ta yi ja. Tana shan ɗanɗanon nama, tana gina jiki, kuma yara za su ƙoshi. Babu abin kunya a ciki.

To, mun iso kashi na huɗu. Haɗawa da gashi. Wannan ba ya ɗaukar lokaci.

Ki bar naman ya sha iska kamar minti 10. Nama mai tururi, idan ya shiga gurasa, gumi zai yi a ciki. Gumi kuwa ruwa ne. Ki marmashe cukunki, ko ki yanka shi ƙanana, ki juya a cikin naman a hankali. Ki yanka lawashi ki zuba. Idan cukun kanti mai narkewa ne, ki goge shi, ki sa rabi a cikin nama, rabi ki shimfiɗa a jikin gurasa daga ciki.

Ki buɗe aljihun, ki zuba haɗin da cokali, ki baza shi har lungu. Kada ki cika ta ta kumbura. Kaurin yatsa ɗaya ya isa. Ki danne da tafin hannu. Ki shafa mata man gyaɗa ko man shanu a baya, sama da ƙasa, shafa kawai.

Ki ɗora a kasko, wuta matsakaiciya. Ki danne ta da murfin tukunya mai nauyi. Minti 3 ko 4, ki juya. Bayanta ya yi ja, ya yi ƙaras. A kan gawayi ma ana yi, kuma ya fi ƙamshi. Sai dai ki jira harshen wuta ya mutu, garwashi ya yi farar toka, sannan ki ɗora raga.

Kabeji, gurji, ɗanyen tumatir da ɗanyar albasa fa? Ba sa shiga wuta. A gefe suke zama, mai ci ya ɗora da kansa. Ki wanke su da ruwa mai tsabta. Kuma kada ki yanka su a katakon da kika yanka ɗanyen nama, ko da wuƙar, sai kin wanke da sabulu. Hannunki ma haka. Gidaje da yawa suna dafa nama ya nuna sarai, sannan cutar ta biyo ta kan kabeji.

Idan kina son abin dangwalawa, ki sami kindirmon da aka yi da tafasasshiyar madara. Ki sa masa dakakkiyar tafarnuwa, gishiri kaɗan, da ganyen na'a-na'a. A ɗan kwano, a gefe. Ba a cikin gurasa ba.

Saura maganar ajiya, kuma ina roƙon masu sana'ar abinci su matso kusa da rediyo.

Dafaffen nama da cuku ba sa son zama a waje. Ƙa'idar ita ce kada su wuce awa 2 ba a wuta ba, ba a firji ba. A bazara, lokacin da zafinmu ke haura digiri 40, a mayar da ita awa 1. Abinci yana iya lalacewa bai yi wari ba, bai canza launi ba. Hanci ba ya kama komai.

Mai firji da tsayayyiyar wuta tana iya ajiye haɗin kwana 2 a rufe. Haɗin daban, gurasa daban. Sai za a ci a cusa. Kuma a sake ɗumama naman har ya yi tururi kafin ya shiga gurasa, ba ɗumi-ɗumi ba. Wadda ba ta da firji, ta yi daidai cin yau. Cukun gida ma haka, a yi shi a ranar. Idan ya ragu, a yanka, a soya a mai, a cinye da dare.

Idan yara za su tafi da ita makaranta, a gasa da safen nan, su ci a hutun farko, kada ta yini a jaka. Da azumi kuwa, kada a soya nama tun azahar a jira magariba. A yi cuku bayan la'asar, a soya nama gab da shan ruwa, a gasa ana kiran salla.

Mai sayarwa, ki ajiye haɗinki a kan garwashi yana zafi, ki riƙa cusawa kina gasawa a gaban mai saye. Kada ki cika gurasa ashirin ki jera a tire a rana. Ƙamshin gashin ma shi zai kira miki ciniki.

Wata za ta tambaya, ruwan nan mai rawaya da ya tsiyaye daga cuku fa? Kada ki zubar. Akwai sauran amfanin madara a cikinsa. Ki kwaɓa fulawar gurasa da shi a madadin ruwa, za ta fi laushi. Ko ki zuba a miyar kuka ko ta kuɓewa a ranar. Gurasar da ta kwana ta yi tauri kuwa, ki yayyafa mata ruwa kaɗan, ki rufe ta a kasko mai ɗumi minti 1, sannan ki tsaga.

Lokacinmu ya cika. Wadda ta gwada, ta koya wa maƙwabciyarta yadda ake kartsa madara. Allah ya sa albarka a abin da za mu ci, ya ba marasa lafiyarmu lafiya.